Yadda Aka Buga wa Likita Waya

Wata ranar Laraba, da ƙarfe huɗu da rabi na yamma, wani mutum yana tsaye a shagon wanki da guga, hannuwansa biyu a baya, yana sauraron Maigidansa. A lokacin, wayoyin da ake shafawa da yatsa ba su daɗe da shigowa ba, kuma mutumin nan bai taɓa riƙe ko ɗaya ba. Tasa mai madannai ce, an ɗaure murfinta da roba don kada batirin ya zubo.

Satinsa na farko ke nan a shagon, kuma aikin na gwaji ne. Kafin nan ya yi aiki a gidan burodi, inda aka ce ya sa ido a kan tanda. Ya sa idon kuwa, bai ko ƙyafta ba, har burodin ya zama gawayi. Ya kuma yi aiki a wurin wankin mota, inda aka ce ya wanke wata mota ciki da waje, ya zura tiyo ta taga ya buɗe ruwa. Yayan matarsa ne ya roƙa masa wannan aiki na yanzu, kuma da ya kawo shi sai da ya ja shi gefe ya ce, "Wannan ne roƙona na ƙarshe. In aka kore ka a nan, tsakanina da kai sai gaisuwa."

Damuwar Maigida kuwa ita ce kaya. Mutane sun kawo wanki, an wanke, an goge, sun manta da shi. Riguna sun cika ƙarfen rataya har ya lanƙwashe a tsakiya. Wasu suna kan kanta, wasu a kan bencin baƙi, ta yadda duk wanda ya shigo a tsaye yake gaisuwa.

Maigida ya ce, "Ka ga kayan nan? Ina so su bar mini shago. Ga waya, sabuwa ce, jiya na saye ta. Lambar kowa tana jikin 'yar takardar da ke maƙale da kayansa. Ka shiga ɗakin guga ka buga musu, ɗaya bayan ɗaya, su zo su kwashe. Ka fara da Likita, farar rigarsa ta kusa zama tamu. Ka dai iya ko?"

Mutumin ya ce, "Haba Maigida, waya kuma?"

Ya shiga ɗakin guga, ya juya wayar gaba, ya juya ta baya. Gilashi ne sumul, ba madanni ko ɗaya. Ya ji kunyar komawa ya yi tambaya, don haka ya sulale ta ƙofar baya zuwa rumfar mai gyaran waya da ke maƙwabtaka da su, wanda kowa ke kira Injiniya. Shi ne ya saita wayar jiya, shi ne kuma ya zuba mata wata manhajar haɗa kiɗa, irin ta farko-farkon nan. Injiniya mutum ne wanda in bai tsokani wani ba a yini, abinci ba ya yi masa daɗi.

Mutumin ya rage murya ya ce, "Injiniya, don Allah rufa mini asiri. Ta ina ake buga wannan?"

Injiniya ya ɗago kai daga wayar da yake kwancewa. "Buga ta za ka yi?"

"Maigida ne ya ce in buga."

"Ai kuwa ka zo inda ya dace. Kawo."

Ya shafa gilashin sau biyu, sai ga hoton ganga ya cika fuskar wayar. A ƙarƙashin gangar akwai jan maɓalli, a gefe kuma fuskoki biyu, ta wani ƙato mai gemu da ta wata mace. Aikin manhajar ba shi da yawa. Abin da ka kaɗa a kan gangar, tana riƙewa ta yi ta maimaita shi. Abin da ka faɗa kana danne da jan maɓalli, tana mayar maka da shi cikin waƙa, da muryar fuskar da ka zaɓa. Injiniya bai yi masa wannan bayani ba.

Abin da ya ce shi ne, "Ka ga ganga? A nan ake buga lamba. In uku ce ka buga uku, in bakwai ce ka buga bakwai."

"To sifili fa?"

"Sifili ai ba komai ba ne. Ka ɗaga hannu ka yi shiru."

Mutumin ya jinjina kai. "Amma masu ƙera abin nan sun yi tunani."

"Sosai ma. In namiji kake nema ka taɓa mai gemu, in mace ce ka taɓa macen. Ka danne ja ka yi magana, ka saki ka jira amsa. Ka san da can ƙarya muke yi, muna danna waya muna cewa mun buga. Yanzu ne aka fara bugawa da gaske."

Mutumin ya yi godiya har da rusunawa. Ya koma ɗakin guga, ya ture dutsen guga gefe, ya shimfiɗa wayar a kan tebur. Ya ciro takardar da ke jikin farar rigar Likita, ya taɓa mai gemu, ya naɗe hannun riga, ya fara bugu. Inda ya tarar da sifili ya ɗaga hannu cikin girmamawa. Da ya gama, wayar ta ɗauki bugun ta ci gaba da kanta. Lambar Likita kuwa, aka yi sa'a, ta faɗa daidai da kiɗan rawa. Kafaɗar mutumin ta fara motsi ba da izininsa ba.

Ya ce a ransa, lalle lambar manya daban take.

Ya danne ja. "Salamu alaikum, Likita." Ya saki.

Wata murya mai kauri, kamar daga cikin randa, ta taso a kan kiɗan: "Salamu alaikum, Likita, kita, kita."

Mutumin ya ɗan yi turus. Mutum da karatunsa, a yi masa sallama ya maimaita ta maimakon ya amsa? Amma ya daure.

"A'a, ranka ya daɗe, ni ba likita ba ne. Daga shagon wanki nake."

"Ni ba likita ba ne," in ji muryar, "daga shagon wanki nake, nake, nake."

"To in kai ne daga shagon wanki, ni daga ina nake?"

"Ni daga ina nake?"

"Ai ni nake tambayarka!"

"Ai ni nake tambayarka, yarka, yarka."

Mutumin ya share gumi. Ya tuna da gargaɗin yayan matarsa, ya haɗiye fushi, ya gyara murya.

"Ranka ya daɗe, mu bar wannan. Kayanka sun kammala, ka zo ka kwashe."

"Kayanka sun kammala, ka zo ka kwashe."

"Ni zan kwashe? Ni da nake cikin shagon? Kai dai ka zo."

"Kai dai ka zo, ka zo, ka zo."

A nan haƙurinsa ya ƙare. Ya miƙe tsaye, ya nuna wayar da yatsa. "Babba da kai kana wasan yara! Ka mayar da ni sakarai don ka ga ni ɗan aike ne. To Maigida ne ya sa ni. Ko Maigidan ma sakarai ne?" Garin fushi bai danne ja ba sai da magana ta yi nisa, saboda haka ƙarshenta kawai wayar ta kama. Waƙa kuma ba ta san tambaya ba.

"Maigidan ma sakarai ne, sakarai ne, sakarai ne."

Mutumin ya dafe ƙirji. Ya kifa wayar, ya fito da gudu, ya tarar da Maigida yana ninke wando.

"Maigida, na buga wa Likita."

"Madalla. Yaushe zai zo?"

"Ya ce ba zai zo ba, ni ne zan je. Ya ce shi ba likita ba ne ma, wanki yake yi. Sannan ya faɗi wata magana a kanka, bakina ba zai iya ɗauka ba."

Maigida ya ajiye wandon. "Faɗi."

"Ya ce kai sakarai ne."

"Likita? Da bakinsa?"

"Da bakinsa, har sau uku, kuma da waƙa. Ina jin a wurin rawa na same shi, kiɗa na tashi a bayansa."

"Wurin rawa? Da yammar nan? Marasa lafiyar fa?"

"Ni ma abin da na gani ke nan."

Maigida ya yi ta huci. Can ya ce, "Shekara nawa ina goge masa riga, ban taɓa ƙona masa ko aljihu ba. Rabu da shi, zai zo ya same ni. Je ka ci gaba da sauran."

Mutumin ya koma ya ci gaba, kuma ya yi aikin da gaskiya, bai tsallake takarda ko ɗaya ba. Sai dai abin da ya gano ya tayar masa da hankali. Mai sayar da taya ba ya amsa sallama. Direban babbar mota shi ma ya ce wanki yake yi. Wata malamar makaranta, wadda aka san ta da kamun kai, ya ce mata in ta isa ta zo, ta ce masa in ya isa ya zo. Kuma dukkansu, maza da mata, a wurin rawa ya same su. Ya kai wa Maigida rahoton kowane ɗaya, Maigida yana ji yana ƙara kumbura.

Washegari da rana matarsa ta kawo masa abinci. Tun daga bakin ƙofar baya ta ji kiɗa, ta leƙa ta gan shi sunkuye a kan tebur yana kaɗa gilashi da yatsu biyu, ƙafarsa tana taya shi.

Ta ce, "Baban yara, aikin ke nan?"

Ya ɗaga mata hannu. "Yi shiru, ina kan sifili."

Ta ajiye kwanon, ta tsaya tana kallonsa har ya gama faɗa da wani tela. Sannan ta ce, "Wannan da kake yi mene ne?"

"Waya nake bugawa. Ke ba za ki gane ba, ta zamani ce. Tsaya ki gani, bari in buga miki."

Ya taɓa fuskar macen, ya kaɗa lambar matarsa da ka, ya danne ja. "Maman yara, kina jina?"

Wata siririyar murya ta rera: "Maman yara, kina jina, jina, jina."

Ya dube ta da murmushin nasara. "Kin ji ko? Ga ki nan kin ɗauka."

Ta ciro wayarta daga jaka ta nuna masa. "Ni ga ni tsaye, ga wayata ko motsi ba ta yi ba. Na ɗauka da me?"

"To wa ke magana?"

"Kai ne mana! Maganarka ce take dawo maka da ita."

"Ni? Yanzu ke, duk zaman da muka yi, muryata haka take kamar ta sauro?" Ya yi ɗan tunani. "Na gane. Garin surutunki na ƙara bugu ɗaya, ta faɗa gidan wasu." Ya danne ja, ya tausasa murya. "Yi haƙuri baiwar Allah, kuskuren lamba ne."

"Yi haƙuri baiwar Allah, kuskuren lamba ne."

Ya juyo wurin matarsa. "Kin ga mai tarbiyya. Ni na yi laifi, ita take ba da haƙuri. Tun jiya ita ce mutum ta farko da na samu. Sai dai ta ɗauke ni mace."

Matar ta dafa ƙugu. "Baban yara, ka je ka nuna wa Maigidanka abin nan tun kafin Yaya ya ji labari. Tun jiya da kake bugun, mutum nawa suka zo?"

"Yaya za su zo, suna wurin rawa?"

"Ni dai na gaya maka."

"Ke dai dawo ki ɗauki kwanonki an jima. Harkar waya ki bar wa masu ita."

Haka aka ci gaba. Ba wanda ya zo karɓar kaya, sababbi kuma suna shigowa. Ƙarfen rataya ya ƙara lanƙwashewa, aka tokare shi da sandar tsintsiya. Injiniya kuwa ya matso da kujerarsa kusa da tagar ɗakin guga, ya ce wai a nan iska ta fi kaɗawa.

Ranar Asabar da hantsi, sai ga Likita da kansa, ya tuna da rigarsa. Ɗan siririn dattijo ne, mai sanyin murya, irin wanda in zai yi allura sai ya ba da haƙuri tukuna. Ya yi sallama, ya miƙa wa Maigida hannu. Maigida ya dubi hannun, ya naɗe nasa a ƙirji.

"Likita, ashe ni sakarai ne?"

"Subhanallahi! In ji wa?"

"In ji kai. Har sau uku, da waƙa."

"Ni? Alhaji, ni ko a banɗaki ba na waƙa."

"A wurin rawa fa?"

"Wace rawa? Da wannan gwiwar?"

Maigida ya ƙwala kira, mutumin ya fito daga ɗakin guga da waya a hannu. Da ya ga Likita sai ya ɗaure fuska.

Maigida ya ce, "Wannan ne ka buga wa ranar Laraba?"

"Shi ne. Sai dai a waya muryarsa ta fi haka kauri. Yanzu da ya ga ido da ido ya sassauta."

Likita ya ce, "Bawan Allah, ni ban taɓa jin muryarka ba. Ba wanda ya kira ni daga shagon nan."

"Ka ji ko, Maigida? Haka yake yi. Ranar ma cewa ya yi shi ba likita ba ne."

Maigida ya ce, "Magana ta ƙare. Buga masa yanzu, a gabansa, mu ga ƙarshen musu."

Likita ya ciro wayarsa ya ɗora a tafin hannu, kowa yana gani. Mutumin ya share wuri a kan kanta, ya ajiye ta shago, ya taɓa mai gemu, ya naɗe hannun riga. Ya fara kaɗawa, don lambar Likita ta riga ta zauna masa a yatsu. Maigida ya dube shi, ya dubi wayar, ya sake dubansa.

"Me kake yi haka?"

"Shiru Maigida, sifili ne."

Kiɗa ya tashi. Wayar Likita tana kwance a tafinsa, ko haske ba ta kawo ba. Mutumin ya danne ja. "Salamu alaikum, Likita."

"Salamu alaikum, Likita, kita, kita."

"To ka ji shi! Har yau bai koyi amsa sallama ba."

Maigida ya zuba wa bakin Likita ido. Bakin a rufe yake ruf.

Ya ce a hankali, "Mutumin nan bai buɗe baki ba."

"Da ciki yake yi, Maigida. Likita ne fa, ya san hanyoyin jiki."

Maigida ya fizge wayar. Garin fizga yatsansa ya taɓa inda manhajar ke ajiye abin da aka yi, sai aikin Laraba ya fara fitowa daga farko. Ganga tana tafiya, muryar mai gemu tana cewa shi ba likita ba ne, daga shagon wanki yake, kai dai ka zo, ka zo, ka zo. Daga bakin ƙofa aka ji wani abu ya faɗi. Injiniya ne, da ya jawo kujerarsa nan, dariya ta kayar da shi daga kanta. Masu wucewa suka fara tsayawa. Wata mai sayar da lemo ta sauke farantinta tana gyaɗa kai. Da aka iso wurin da Maigidan ma sakarai ne, wasu daga waje har sun fara amshi.

Likita, wanda ƙafarsa mai ciwon gwiwa take ɗan taɓa ƙasa a kan kiɗan, ya ce, "Amma fa ya yi daɗi. Lambar tawa ce haka?"

Mutumin ya ce, "Taka ce. Duk cikin masu kaya ba mai irinta."

Maigida ya yi ta shafa gilashin yana neman inda ake kashewa. Kiɗan bai tsaya ba, sai dai babban yatsansa ya sauka a kan jan maɓalli ya zauna, shi bai sani ba. Jijiyar wuyansa ta miƙe. Ya juyo kan mutumin, wayar tana daidai bakinsa, ya daka tsawa.

"Na kore ka! Kwashe naka ka bar shagon nan, kada in ƙara ganinka!"

Ya ɗaga hannu zai nuna ƙofa, yatsan ya saki. Muryar mai gemu ta cika shagon, a kan lambar Likita, daram a kan kiɗa:

"Na kore ka, kwashe naka ka bar shagon nan, kada in ƙara ganinka, ninka, ninka."

Mutumin ya dubi Likita, ya girgiza kai. Ya ɗauki kwanon abincinsa ya saƙale a hammata, ya ciro hular Maigida daga jikin ƙusa ya miƙa masa.

"To ka ji da kunnenka, Maigida. Kai ma Likita ya kore ka. Sa hularka mu tafi."